Tozon da Aka Naɗe a Fulawa

A gidanmu, in an yanka sa, tozo na Bobbo ne. Haka na taras. Ubana ya kai wa ubansa, ni na kai masa. Ba a raba shi biyu, ba a rufe shi. A kan faifai ake ɗora shi, a bi da shi ta tsakiyar garinmu Taba kowa yana gani, har rugarsu da ke bayan fadama.

Bobbo Bafulatani ne, tsarana. 'Yan shanuna suna cikin garkensa tun ina saurayi. In an gama yankan dawa, shi da ƙannensa sukan koro shanu su kafa turaku a gonata ta tudu. Su ci kara, su kwana, su bar taki. Da takin nan gonar take ciyar da gidana. Jigawa ce. In ba taki, dawa ba ta wuce ƙugu. Ni da Bobbo ba mu taɓa zama mun yi magana a kan wannan ba. Tozo ya tafi, shanu su zo.

A shekarar da nake faɗa, ba a daɗe da karɓar mulki daga hannun Turawa ba, Maiwada ya fara zarya a rugar. Maiwada mai rake ne. Yana da injin matsa wanda doki ke juyawa, yana dafa mazarƙwaila yana kaiwa Makarfi. Ya sayi gonar tudu a jikin tawa, matacciya, yana neman wanda zai tayar masa da ita. Yau ya kai wa Fulani kanwa, gobe gishiri, jibi ya aika wa matansu mazarƙwaila. Ƙannen Bobbo suka fara tare shi tun daga nesa. Dawa ta nuna, aka yanke, aka kai rumbu. Bobbo bai ce komai ba a kan inda za su sauka.

Ban damu ba, domin ina da sa a turke. Fari ne, daga garken Bobbo na ɗauko shi yana maraƙi. Na yi ta ba shi harawa da dusa da kan rake har tozonsa ya kwanta gefe ɗaya don nauyi. Matar ɗana, Ummuhani, tana gidana da tsohon ciki. 'Ya'yanta na baya mata ne. Na ce in namiji ya zo, ran suna zan kayar da san nan. Tozon ya bi ta ƙofar Maiwada, magana ta ƙare.

Namiji ya zo.

Uban jaririn shi ne ɗana na fari. Ba na kiran sunansa, ba na zama da shi, ba na yi masa magana baki da baki. Haka aka yi mini, haka na yi. Uwarsa ta daɗe da rasuwa. In ina da magana, ƙanwata Talatu nake gaya wa, ita ta goye shi, a gidana take tun mutuwar mijinta. Shi kuwa yana Samaru, yana yi wa wani Bature ɗan Amurka aikin kuku. Namiji da gemunsa, tsaye a kan tukunya. Ko wannan ban taɓa cewa komai a kai ba.

Ana gobe suna ya iso. Mota ta sauke shi a Kudan, ya ƙaraso da jaki. A kan jakin akwai buhun fulawa da rabin duro wanda maƙeri ya huda wa ƙofa a gefe. Ya tsuguna a bakin zaure ya gaishe ni. Na amsa ina kallon hanya. Ya shige.

Jim kaɗan Talatu ta fito.

"Yaya, Uwaisu ya ce a ba shi nama gobe."

"Kowa za a ba."

"Ba na ci ba, na girki. Wai abincin matar Baturensa zai yi wa baƙi."

"Tuwo ya ƙare a duniya?"

"Ni dai aike aka yi mini. Wai cimicanga."

"Me?"

"Kada ka sa in maimaita, harshena zai ƙulle. Ya ce nama ne ake naɗewa a cikin fulawa a gasa. Ka bar shi ya yi mana, Yaya. Ɗansa ne, yana so a ga hannunsa."

"Hannun namiji a gona ake ganinsa."

"To in ce ka hana?"

Ranar farin ciki ce, ban so a ce na fara ta da hani ba. Na ce, "Ya ɗibi abin da zai ishe shi. Kada dai hayaƙinsa ya iso mini zaure."

Iyakar abin da na ce ke nan. Wanda aka haifa a gidan nan, ya ga tozo yana fita tun yana rarrafe, ba sai an ce masa ban da tozo ba.

Da sassafe malamai suka taru. Aka raba goro, aka yi addu'a, aka raɗa wa yaro sunan ubana. Aka yanka rago. Sannan Tukur mahauci ya ja san zuwa bayan gida. Ni na sa masa wuƙa, na wanke hannu, na koma zaure wajen baƙi. Mutane daga Kudan, mutane daga Makarfi, dangin Ummuhani daga Janfalan. Ban samu tashi ba har rana ta yi tsaka.

Maiwada ma ya zo, da riga mai aiki, yana ƙamshin dafaffen rake.

"Allah ya raya, Malam Ashafa."

"Amin."

"Na ga san nan da rai. Kai, an sha kiwo. Yau Fulani za su kwana da maiƙo a baki."

"Ka zauna a ƙofarka, za ka ga ya wuce."

Ya yi dariya, ya ɗauki goro, ya tafi.

Da aka yi azahar na zaga bayan gida. Tukur ya kasa nama a kan ganye, kashi-kashi. Kai na wanzami, ƙafafu na maijego, na ungozoma a gefe. Komai a wurinsa. Na duba, na sake dubawa.

"Tukur, ɗora tozon a faifai."

Ya sunkuyar da kai yana goge wuƙa a cinyarsa.

"Ai an karɓa, Baba."

"Wa?"

"Uwaisu. Tun da hantsi. Ya ce kai ka ce ya ɗibi abin da zai ishe shi. Na ce masa wannan na ruga ne. Ya ce in ware musu cinya, ga ta can."

"Ka ba shi."

"Ɗan mai sa ne, Baba. Ni wuƙa kawai gare ni."

Na shiga cikin gida, abin da ba na yi in akwai taron mata.

Ba su ma ga shigowata ba. Sun kewaye ɗan nawa a gindin rumbu, manya da yara, har da masu tuƙin tuwo sun bar muciya a tukunya. Shi yana tsakiya, ya ɗaura farin ƙyalle a gaba. Ya kifa tire a kan turmi, yana ɗaukar curin fulawa yana murza shi da kwalba, yana juyawa, har ya yi faɗi ya yi siriri kamar takarda. Ya jefa a kasko mai zafi, ya juya, ya cire tun bai yi ƙarfi ba. A gefensa akwai babbar tukunya. Naman ya dahu ya mutu, an yayyage shi zare-zare, an haɗa da albasa da tattasai da dakakken wake. Ya ɗebo da ludayi ya zuba a tsakiya, ya ninke gefe da gefe, ya naɗe kamar laya. Ya tsoma gashin kaza a man shanu ya shafe bayansa. Ya jera su a cikin duron nan, garwashi a ƙasa, garwashi a sama. Waɗanda suka fito sun yi ja, suna ƙara in an taɓa. Ya tara su da yawa a kan tire, bai bar kowa ya ɗanɗana ba tukuna. Ga ƙwaryar kindirmo a rufe, wai da shi ake ci. Kindirmon da man shanun, matar Bobbo ce ta aiko da su na barka.

Na yi gyaran murya. Mata suka ja baya.

"Talatu."

"Na'am, Yaya."

"Tambaye shi ina tozo."

"Ga shi nan a gabanka, da kunnuwansa biyu."

"Na ce ki tambaye shi."

Ya ajiye kwalbar ya tsuguna. Bai jira ta tambaya ba, amma ita ya fuskanta.

"Gwaggo, ki gaya wa Baba yana ciki. Naman sa ba shi da kitse mai kyau sai a wurin nan. Su a ƙasarsu soyawa suke yi a cikin mai. Ni gasawa nake yi, in ba kitse bushewa zai yi ya zama igiya. Shi ya sa na..."

"Ki ce masa ban tambaye shi karatu ba."

"Ya ce bai tambaye ka karatu ba," in ji Talatu.

"Gwaggo, ki gaya masa ban manta da Baffa Bobbo ba. Na sa an ware masa cinya sukutum. Ta fi tozon nauyi nesa ba kusa ba."

A nan ne na juya na dube shi. Tun yana cikin zanen goyo ban taɓa duban tsakiyar idonsa ba.

"Kai. Nauyi aka ce maka ana aunawa?"

Wata da ke daka a can baya ta tsaya da taɓarya a sama. Shi ma ya ɗago, bakinsa a buɗe, sannan ya mayar da kai ƙasa.

"Ka ci tuwon gonar nan har ka yi gemu. Ka taɓa tambayar abin da ke sa ta haihuwa?"

"Baba, ina ganin ana kaiwa. Na ɗauka alheri ne kawai. Ba wanda ya taɓa gaya mini."

"Ba a gaya wa mutum. Gani ake yi."

"A gafarce ni."

"Gafara za ta kwana a gonata ta yi kashi?"

Wata yarinya ta yi dariya, uwarta ta toshe mata baki. Da ya yi shiru daga nan, da ya fi masa. Bai yi ba.

"Baba, in don taki ne, yanzu akwai na zamani a Samaru. Fari ne, a buhu yake. Baturena ya ce ɗan kaɗan ake barbaɗawa. Zan roƙe shi ya..."

"Takin buhu zai zo jana'izata?"

Na ƙara matsawa kusa da shi.

"Ran da uwarka ta rasu, wa ya haƙa kabari da ni? Baturenka? Shekarar fara, wa ya aiko da nono kullum har ka rayu? Ka je ka koyo ɗaura ƙyalle, ka dawo ka daddatsa mini mutunci ka naɗe a fulawa."

Na so in hamɓarar da duron. Ƙafata ta ɗaga. Abinci ne a ciki, na sauke ta.

Talatu ta matso, ta rage murya.

"Yaya, abin ya riga ya faru. A tura Tukur Kudan a kan keke, ba a rasa mahaucin da ya yanka sa yau. A sayo tozo, a ɗora a faifai, wa ya sani?"

"Bobbo ne ya karɓi haihuwar san nan da hannunsa. Duk wata sai ya zo ya shafa tozon. Ya san shi kamar yadda kika san kan jikanki. In kai masa na kasuwa, in ce nasa ne?"

"To ka je ka gaya masa gaskiya. Yaro ya yi kuskure."

"In kai ƙarar ɗana ruga? Gaban ƙannensa?"

"Wannan ba ka so, wancan ba ka so. To ka tsaya nan har shanu su gama kwana a gonar Maiwada."

Na dubi tiren. Na dubi tukunyar, saura kaɗan a gindinta.

"Talatu, tambaye shi a cikin wanne tozon yake."

"Duka, Baba," ya ce. "An gauraya."

"To duka na Bobbo ne. Ya naɗe sauran. Kada ko ɗaya ya shiga bakin kowa a gidan nan."

Ya ɗago da sauri.

"Baba, baƙi fa? Tun jiya nake gaya wa mutane. Surukaina suna zaure suna jira. Tun asuba nake tsaye a kan wutar nan."

"Akwai tuwo."

"Gwaggo, ki sa baki."

"Bakina ya gaji yau," in ji Talatu.

Na tsaya a kansa har ya gama. Bai ɓata ko ɗaya ba, wannan zan faɗa. Ya gasa na ƙarshe, ya jera su a babban tire har suka yi tudu. Ya ɗauko ƙyalle zai rufe.

"Ba a rufewa."

"Bari in ɗauka, Baba. Ni na ɓata."

"Ka ɓata. Ba kai za a tambaya ba."

Talatu ta naɗa mini gammo tana harara. Da za ta ɗora mini, ta zare guda ta cusa a zaninta.

"Ladan aike. Tun jiya nake kai da kawowa tsakanin kurame biyu."

Tun da na yi aure ban ɗauki kaya a ka a cikin gari ba. Ranar na ɗauka. Na fita ta zaure, ta gaban baƙina. Suka miƙe, wasu suka miƙo hannu za su karɓa. Na ce kowa ya zauna. Na bi hanyar da tozo ke bi, ban kauce ba: ta gaban masallaci, ta bakin rijiya, ta rumfar maƙera. Duk inda na wuce magana takan tsaya, in na gota ta tashi.

Maiwada yana ƙofarsa kamar yadda na ce masa, a kan kujera, doki yana juya inji a bayansa. Ya miƙe ya leƙa tiren.

"A'a, Malam Ashafa, talla aka fara? Da ka faɗa, da na aiko an saya."

Ban tsaya ba.

"Ina abin da ka ce in jira? Ko layu ne za ka ɗaura wa shanu kada su ɓata hanya?"

Masu yi masa aiki suka kwashe da dariya. Wuyana yana ciwo, maiƙo yana bin gefen tiren yana ɗiga mini a riga. Na wuce. Abin da na ce masa a zuciyata, ba na faɗa ba ne.

Na ratsa fadama ta cikin rake, na hau tudu. La'asar ta yi lokacin da na isa. Bobbo yana zaune a kan buzu a gindin ɗorawa. Ƙannensa suna gefe, da manyan 'ya'yansu. Ba su tafi kiwon yamma ba, jira suke yi. A gaban Bobbo akwai wankakkiyar ƙwarya, da wuƙa a kanta, an wasa ta.

Da ya ga ni ne da kaina, ya miƙe. Shi ya kama mini muka sauke.

Muka gaisa. Gida, iyali, maijego, jariri, shanu, gajiyar taro. Ya tambayi Talatu, na tambayi matarsa. Muka sake zagayowa. Duk wannan bai dubi tiren ba. Sauran kuwa ba abin da suke kallo sai shi.

Da gaisuwa ta ƙare na ce, "Tozon ne."

Jumare, ƙanin Bobbo mai bi masa, ya faɗi wani abu da Fulatanci, samari suka sunkuyar da kai suna murmushi. Sai ya juya da Hausa, yana kirana yadda suke kiran Bahaushe.

"Kaɗo ya tausaya mana. Ya ga ba mu da wuta, ya dafa. Ya ga ba mu da haƙora, ya tauna."

"Jumare," in ji Bobbo. Jumare ya kau da kai.

Bobbo ya ɗauki guda. Ya juya shi a hannu, ya fasa da babban yatsa. Ya ja zaren naman, ya murza kitsen, ya kai hanci.

"Shi ne," ya ce. "Wa ya yi wannan aiki?"

"Gidana."

"Gidanka."

Ya dube ni, na dube shi. Ya san wanda ke Samaru, ya san aikin da yake yi. Bai ƙara tambaya ba. Ya mayar da abin kan tire, ya goge yatsu a ciyawa. Sannan ya ɗauki wuƙar ya mayar da ita kube.

"Ashafa, ubana da wuƙa yake raba shi. Ni ma haka. Tsakiya na babba, gefe na mai bi masa, gindi na samari. Kowa ya ga nasa, ya ga na ɗan'uwansa. Mata su yanyana su shanya. Wannan kuwa duk kansu ɗaya. In na ba Jumare guda, na ba ɗansa guda, na zage shi."

"Ba shi biyu."

"Ba yawa ake dubawa ba."

Na sani.

"Mun gode," ya ce. "Allah ya raya yaro. Ka sha hanya da kaya."

Ba wanda ya ci a gabana, dama ba sa yi. Ban tambayi maganar shanu ba, ba a tambaya. Ya raka ni har bakin rake, muna maganar ruwan bana. Jumare bai tashi daga inda yake ba.

Da na koma, taro ya watse. Surukai sun ci tuwo sun tafi. Talatu ta kawo mini nawa a zaure, ta tsaya.

"Yaya, na ci ladana."

"Ban tambaye ki ba."

"Da daɗi, wallahi. Bayan yana ƙaras-ƙaras, cikin kamar..."

"Ɗauke akushin nan in magana za ki yi."

"Yana ɗaki tun da ka fita. Ko ruwa bai sha ba."

"Rijiya ba ta ƙafe ba."

Washegari ya ɗaura duronsa a jaki. Ya tsuguna a bakin zaure, ya daɗe. Talatu tana tsaye a bayansa, ba wanda ya ba ta aike. Na ce wa hanya, "Allah ya kiyaye." Ya tashi ya tafi.

Kwanaki suka wuce, ba labari daga ruga. Ban aika ba. Kullum da safe nakan je gonar, in tarar da kara a tsaye, in dawo.

Ran nan tun daga bakin gari na ji kukan shanu. Na ƙara sauri. Da na hau tudu na gan su, garke guda, farare da jajaye, sun cika gonar Maiwada daga wannan iyaka zuwa waccan. Matan Fulani suna kafa bukkoki. Jumare yana nuna wa samari inda za a ja igiyar maruƙa. Maiwada yana tsaye a tsakiya, hannuwa a baya. Ya hango ni ya ɗaga hannu. Na yi kamar ban gan shi ba.

A gonata, can kusurwar gabas, mutum ɗaya ne a sunkuye yana kafa turke. Shanun da ke tare da shi ba su da yawa. Nawa ne, da tsofaffin nasa.

Na ƙarasa. Muka gaisa, gajeriya.

"Ƙannena sun ce za su gwada can," in ji Bobbo. "Shanun nasu ne. Ban hana ba."

"Kai fa?"

"Na tsufa da sauya makwanci."

Na dubi shanun, na dubi gonar. Tana da faɗi. Ban taɓa ganin faɗinta ba sai ranar.

"Ba za su rufe ta ba," na ce.

"Ba za su rufe ba. Ko rabi. Ka zaɓi inda ka fi so, in riƙa matsar da su."

"Fara daga nan. Wancan gefen gyaɗa zan sa."

"Gyaɗa ba ta cika rumbu."

"Na sani."

Ya gyara turken da ke hannunsa, ya saita shi a ƙasa.

"Yaron nan naka ya iya hannu. Yara sun yi ta faɗa a kai. Uwargidana ta ce ta gane man shanunta."

"Kada ka yi mini maganarsa."

"To."

Na karɓi gudumar daga hannunsa. Ya riƙe turken, na buga. Ya shiga, na ci gaba da bugawa. Ya ce ya isa. Na buga har kan ya tsage biyu. Bobbo ya zare shi ya jefar, ya miƙa hannu ya ɗauko wani.